Yaƙin Intanet: Wa Ya Yi Harbin, Kuma Wace Doka Ce Ta Hau Kansa?

 

Mai girma shugaban wannan taro, shugaban makaranta da mataimakansa, iyayenmu malamai, waɗanda ke bakin aiki da waɗanda suka yi ritaya, shugabannin ƙungiya, yayyenmu da ƙannenmu tsofaffin ɗalibai, 'yan ajinmu, jama'a baki ɗaya, barkanmu da sake saduwa. Ina godiya ga kwamitin shirye-shirye da ya ga ya dace a ba ni wannan dama, alhali a zauren nan akwai waɗanda suka fi ni shekaru da ilimi. Tsayawa gaban malaman da har yau suna tune da makin da na ci a lissafi ba ƙaramin abu ba ne, saboda haka duk inda na yi tuntuɓe a gyara mini kamar yadda aka saba.

Batun da aka ba ni shi ne yaƙin intanet, da yadda ya shafi tsaron ƙasa da dokokin ƙasa da ƙasa. Ni dai ba soja ba ne, ba kuma injiniya ba. Ma'aikacin gwamnati ne, kuma abin da ya ja hankalina ga batun shi ne ganin yadda fayilolin da muka tarar cikin kabad suka koma cikin kwamfuta a 'yan shekarun nan, tun daga albashi har zuwa sunayen masu jefa ƙuri'a.

Bari in fara da wani labari. A watan Afrilun 2007, lokacin da 'yan ajinmu ke fama da shirin jarrabawar fita, kwamfutocin makarantar nan kuwa suna lulluɓe da ƙyalle don gudun ƙura, wani abu ya faru a Estoniya, wata 'yar ƙaramar ƙasa a arewacin Turai mai mutane kamar miliyan 1.3, wadda ta fita daga Tarayyar Sobiyet a 1991. A tsakiyar Tallinn, babban birnin ƙasar, akwai wani mutum-mutumin tagulla na sojan Sobiyet da aka kafa tun 1947. A wurin 'yan ƙasar masu jin Rashanci, abin tunawa ne da waɗanda suka ba da ransu wajen murƙushe Hitler. A wurin sauran Estoniyawa kuwa, alama ce ta mulkin mallakar da suka sha. Sai gwamnati ta yanke shawarar mayar da shi maƙabartar sojoji. Aka kwana biyu ana tarzoma, mutum guda ya mutu. Daga ranar 27 ga Afrilu kuma sai shafukan intanet na ma'aikatu da majalisa da jaridu da bankuna suka shiga ɗaukewa ɗaya bayan ɗaya.

Dabarar da aka yi amfani da ita ba mai wuyar ganewa ba ce. Ku ɗauka mutum dubu goma ne suka yi cincirindo a ƙofar banki, babu mai ajiya ko cirar kuɗi a cikinsu, kowa sallama kawai yake yi yana jiran a amsa. To, mai buƙata ta gaskiya ta ina zai shiga? Haka aka yi wa na'urorin Estoniya, aka yi musu ambaliyar saƙonnin banza har suka kasa amsa kowa. Kwamfutocin da ke aiko da saƙonnin kuma na bayin Allah ne a ƙasashe da dama, waɗanda aka kama da ƙwayar cuta ba tare da masu su sun sani ba. An ɗauki kimanin mako uku ana haka, abin ya fi tsanani wajajen 9 ga Mayu, ranar da Rasha ke bikin nasarar yaƙin duniya na biyu. Babban bankin kasuwanci na ƙasar sai da ya rufe hulɗarsa ta intanet na wani lokaci, a ƙasar da jama'a suka riga suka saba da yin kusan komai ta intanet, har da zaɓe.

Yanzu ga inda gizo ke saƙar. Estoniya ta shiga ƙungiyar tsaro ta NATO tun 2004, kuma sashe na 5 na yarjejeniyar ƙungiyar ya ce harin makami a kan ɗaya hari ne a kan kowa. Da jiragen ruwan yaƙi ne suka tare tashar Tallinn har mako uku, babu mai gardama a kan sunan abin. To wannan fa? Ba a harba harsashi ba, ba a rushe gini ba, ba sojan da ya ƙetare iyaka. Estoniya ta nuna Rasha da yatsa, Rasha ta ce ba ruwanta, ta kuma ƙi ba da haɗin kai wajen bincike. Ba a ta da sashe na 5 ba. Daga ƙarshe mutum ɗaya tak aka hukunta, wani ɗalibi mazaunin Tallinn, aka ci shi tarar kuɗi a farkon 2008. Ƙasa guda aka girgiza, shari'ar ta ƙare a kan ɗalibi.

Tambayoyi biyu da suka taso a Estoniya su ne har yau ba a gama amsa su ba: shin wannan yaƙi ne, kuma wa ya yi? Kusan duk abin da zan faɗa nan gaba yana rataye ne a kansu.

Malaminmu na darasin gwamnati, Allah Ya saka masa da alheri, ya sa mun haddace cewa an kafa Majalisar Ɗinkin Duniya a 1945. Kundin da aka kafa ta a kai yana da sassa biyu da suka shafe mu. Sashe na 2, sakin layi na 4, ya hana kowace ƙasa amfani da ƙarfi, ko barazanar yin haka, a kan wata. Sashe na 51 kuma ya bar wa ƙasa ikon kare kanta idan an kai mata harin makami. Waɗanda suka rubuta wannan kundi sun fito ne daga yaƙin tankoki da jiragen sama, abin da ke gabansu ke nan. Sai a 1986, a shari'ar Nikaragwa da Amurka, Kotun Duniya ta yi bayanin cewa ba kowane amfani da ƙarfi ne ya kai matsayin harin makami ba, sai wanda ya yi muni, kuma ana auna shi da girmansa da irin ɓarnar da ya haifar. Wannan ma'auni shi masana suka ɗauko suka ɗora wa intanet. Bayan abin da ya faru, NATO ta buɗe cibiyar nazarin tsaron intanet a Tallinn a 2008, cibiyar kuma ta tara masana shari'a ƙarƙashin jagorancin Farfesa Michael Schmitt, suka fitar da wani littafi da ake kira Kundin Tallinn a 2013, mai ƙa'idoji 95, suka faɗaɗa shi zuwa 154 a 2017. A lura, wannan littafi ra'ayin masana ne, babu ƙasar da ya ɗaure. Matsayarsu ita ce a dubi sakamako, kada a dubi makami: idan harin kwamfuta ya kashe mutane ko ya lalata dukiya kamar yadda bam zai yi, to hukuncinsu ɗaya da bam.

A kan takarda wannan ya yi daidai. Amma mu gwada shi da abin da ya faru a Iran. A watan Yunin 2010 wani ƙaramin kamfanin tsaron kwamfuta a ƙasar Belarus ya gano wata ƙwayar cuta da daga baya aka sa wa suna Stuxnet. Wannan ba irin ta 'yan damfara ba ce. Ta shiga dubban kwamfutoci a duniya ba ta taɓa komai ba, domin abu ɗaya take nema, wato na'urorin kamfanin Siemens da ke sarrafa injinan tace sinadarin yuraniyom a Natanz. Injinan nan dogayen bututu ne masu juyawa fiye da sau dubu a daƙiƙa guda, kuma ɗan canji kaɗan a gudunsu kan lalata su. Sai cutar ta riƙa ƙara musu gudu fiye da kima, can kuma ta rage shi kusan tsayawa, a lokaci guda tana nuna wa ma'aikatan da ke gaban allo cewa komai lafiya lau. Kamar a ce ɓarawo yana cikin ɗaki yana kwasa, ya kuma kunna wa maigadi kaset ɗin minsharin maigida. Masu bincike sun ƙiyasta cewa injina kimanin 1,000 aka yi asara. Masana'antar ba ta haɗe da intanet, saboda haka ana jin cewa ta filash aka shigar da cutar, wannan ɗan abin da kowannenmu ke yawo da shi a aljihu. A 2012 jaridar New York Times ta ba da rahoton cewa aikin Amurka da Isra'ila ne. Har yau babu wadda ta fito a hukumance ta ce ita ce.

A nan an lalata ƙarfe na zahiri. Masanan Tallinn sun yarda cewa amfani da ƙarfi ne, amma suka rabu a kan ko ya kai harin makami wanda zai ba Iran ikon ramawa da makami. Ga kuma wani abin lura: ƙasashen da suka fi kowa kiran a bi doka a intanet, su ake zargi da fara ƙera irin wannan makami. Ina faɗin haka ne don kada mu ɗauka labarin nan na mutanen kirki da 'yan iska ne. Duk ƙasar da ke da hali tana yi, ta yi jifa ta ɓoye hannu.

Yukiren ce ta zama filin gwaji bayan haka. Ranar 23 ga Disamban 2015, tsakiyar hunturu, ma'aikatan kamfanonin rarraba wuta guda uku suna zaune suka ga kibiyar kwamfuta tana tafiya da kanta a kan allo, tana kashe tashoshi ɗaya bayan ɗaya, su kuma an kulle su ba su iya hanawa. Masu amfani da wuta kimanin 225,000 suka shiga duhu na sa'o'i. Abin ya samo asali ne watanni kafin nan, daga saƙon imel mai ɗauke da takardar da wasu ma'aikata suka buɗe. Abin da ya cece su kuwa shi ne har lokacin suna da makunnai na hannu, injiniyoyi suka shiga mota suka bi tashoshin suna mayar da wuta.

Wanda nake so mu ɗan tsaya a kansa shi ne na ranar 27 ga Yunin 2017, wanda ake kira NotPetya. Akwai wata manhajar lissafin haraji mai suna M.E.Doc da galibin kamfanonin da ke hulɗa a Yukiren ke amfani da ita. Maharan suka kutsa cikin kamfanin da ke yin ta, suka cusa cutar cikin sabuntawar da yake aika wa abokan cinikinsa. Wato gubar ta zo ne cikin kwanon da aka saba cin abinci a ciki. Cutar ta yi shigar masu neman kuɗin fansa, tana cewa a biya dala 300 a buɗe maka na'urarka, alhali kuwa ba a yi ta don a buɗe ba, shafewa kawai take yi. Bankuna da ma'aikatu da filayen jirgin sama na Yukiren suka tsaya. Sai dai ana zaton wuta a maƙera, sai ga ta a masaƙa, domin kuwa cutar ba ta san iyakar ƙasa ba. Ta bi ta ofisoshin kamfanonin waje da ke Yukiren ta fantsama duniya cikin sa'o'i. Ta kama kamfanin magunguna na Merck a Amurka, ta kama kamfanin man Rosneft a Rashar kanta. Ta kama Maersk, katafaren kamfanin jiragen dakon kaya na Denmak, wanda wani reshensa ne ke gudanar da tashar kwantena a Apapa. Tashoshinsa 17 daga cikin 76 suka tsaya cik, manyan motoci suka yi layi ba mai sanin abin da ke cikin wace kwantena. Sai da kamfanin ya sake ɗora manhaja a kan kwamfutoci 45,000 da manyan na'urori 4,000 cikin kwana goma.

Akwai wani ɓangare na labarin da na san zai ba ku dariya. Maersk na da wata rijista ta musamman mai ɗauke da sunayen ma'aikata da izinin kowa, wadda in babu ita ba a iya ta da sauran. Kwafe-kwafenta da ke ofisoshin duniya duk suka shafe a lokaci guda, sai guda ɗaya tak, a wani ofishinsu na nan Afirka ta Yamma. Dalili? An ɗauke wuta kafin cutar ta iso, na'urar tana kashe. Abin da muke kuka da shi tun muna karatu da fitilar ƙwai a makarantar nan, shi ya ceci ɗaya daga cikin manyan kamfanonin duniya. Kada dai wani ya ɗauki wannan a matsayin manufar tsaro.

Gwamnatin Amurka ta ƙiyasta asarar NotPetya a kan dala biliyan 10, kuma a watan Fabrairun 2018 ita da Birtaniya da wasu ƙawayensu suka ce sojojin Rasha ne suka yi. Rasha ta musanta. To, yaƙi ne ko ba yaƙi ba? Amsar ta zo daga inda ba a zata ba, wato kotun da ke sauraron rigimar inshora. Merck ya nemi a biya shi kimanin dala biliyan 1.4, kamfanonin inshora suka ce a'a, yarjejeniyarmu ta cire ɓarnar yaƙi, kuma ga shi gwamnatinku da bakinta ta ce sojojin wata ƙasa ne. Kotun jihar New Jersey ta ba Merck gaskiya, kotun ɗaukaka ƙara ta tabbatar a 2023, bisa hujjar cewa kalmomin yarjejeniyar suna nufin yaƙi irin wanda aka sani ne. Daga baya suka sasanta a waje. Ku duba fa: gwamnati ta ce soja ne ya yi, kotu ta ce ba yaƙi ba ne. Kuma kowanne da hujjarsa. Wani abin takaici shi ne ɗaya daga cikin dabarun da cutar ta yi amfani da su wajen yaɗuwa, hukumar leƙen asirin Amurka ta NSA ce ta ƙera ta, aka sace, aka watsa a intanet a watan Afrilun 2017. Harsashi in an harba ya tafi ke nan. Wannan makamin kuwa wanda aka harba wa yana iya tsince shi, ya kwafa, ya harbi wani.

Mu koma tambaya ta biyu, wa ya yi. A doka matakai uku ne: a gano na'urar, a gano mutumin da ke bayanta, sa'an nan a tabbatar da cewa gwamnati ce ta sa shi. Na farko ma wuya gare shi, tun da ana bi ta kwamfutocin ƙasashe biyar kafin a iso, har ma akan bar sawun ƙarya da gangan. An ga haka a harin da aka kai ranar buɗe wasannin Olamfik na hunturu a Koriya ta Kudu a 2018, inda aka dasa alamun da ke nuna Koriya ta Arewa, daga baya Amurka ta tuhumi jami'an sojan Rasha. Na ukun ya fi duka wuya. A waccan shari'a ta Nikaragwa, kotu ta ce ba a ɗora wa ƙasa laifin 'yan tawaye don kawai ta ba su kuɗi da horo, sai an nuna cewa ita ke juya aikin da aka yi ɓarnar a cikinsa. Saboda haka gwamnati na iya kawar da kai ta bar matasanta "masu kishin ƙasa" su yi aikin, in an tambaye ta ta ce ita ma a jarida ta gani.

Akwai dai wata tsohuwar shari'a da ke rage wannan giɓi. A 1946 jiragen ruwan yaƙin Birtaniya biyu suka taka nakiya a mashigin Corfu, cikin ruwan Albaniya, sojoji fiye da 40 suka mutu. Ba a tabbatar da cewa Albaniya ce ta dasa ba, amma a 1949 Kotun Duniya ta kama ta da laifi, domin ba yadda za a yi a dasa ba ta sani ba, kuma ba ta yi gargaɗi ba. Ƙa'idar ita ce ƙasa ba za ta bari, da saninta, a yi amfani da yankinta a cuci wata ba. Wannan ya shafe mu kai tsaye, jama'a. Idan aka kama dubban kwamfutoci a Legas ko Kano aka kai hari wata ƙasa da su, aka kuma sanar da mu, muka yi shiru, to muna da abin amsawa. Albaniyar nan dai ita ce a 2022 aka durƙusar da na'urorin gwamnatinta, ta zargi Iran, ta yanke hulɗar jakadanci da ita a watan Satumba. Irin martanin da ake gani ke nan: korar jakadu, takunkumi, tuhumar mutanen da ba za a taɓa kamawa ba.

Idan kuma yaƙin gaske ya riga ya ɓarke, dokokin Janiba na 1949 da ƙarin da aka yi musu a 1977 sun ce a bambanta soja da farar hula, kada a taɓa asibiti da abin da rayuwar jama'a ta dogara a kai. Amma waya ɗaya ce ke ɗaukar saƙon janar da na mai sayar da tumatir. Ranar 24 ga Fabrairun 2022, da Rasha za ta shiga Yukiren, an kai hari kan hanyar tauraron ɗan'adam ta kamfanin Viasat, sai ga injinan samar da wuta daga iska kimanin 5,800 a Jamus sun yanke daga masu lura da su. Masana kuma har yanzu suna jayayya a kan ko bayanan da ke cikin kwamfuta "abu" ne da doka ta kare. Ƙona ɗakin ajiyar fayilolin fansho laifi ne a fili. Shafe fayilolin nan daga kwamfuta, ba hayaƙi ba toka, wasu masana sun ce dokar ba ta ambace shi ba. A nawa ɗan ganin, tsohon da ya zo karɓar fansho aka ce babu sunansa, bai damu da ko wuta ce ta ci ko cuta ba.

Majalisar Ɗinkin Duniya ba ta zauna haka nan ba. Tun 1998 Rasha ta gabatar da batun. A 2013 kwamitin ƙwararru na gwamnatoci ya amince cewa dokokin ƙasa da ƙasa suna aiki a intanet, a 2015 ya fitar da ƙa'idoji 11 na kyakkyawan hali, ciki har da kada a taɓa muhimman kayan more rayuwa na wata ƙasa. Sai dai na ganin dama ne, ba tilas. A 2017 zaman ya watse ba matsaya, saboda saɓani kan kare kai da dokokin yaƙi, sai a 2021 aka sake samun daidaito. Ko a tsakanin ƙawaye ma ba baki ɗaya ba ne. Birtaniya ta ce a 2018 kutse cikin na'urorin wata ƙasa, shi kaɗai, bai karya wata doka ta diyauci ba. Faransa ta ce a 2019 ya karya. Ban ɗauki wannan a matsayin rashin fahimta ba. Mai dogon hannu ba ya son a gina katanga, duhun dokar yana yi masa amfani.

To ina muke a cikin wannan? Ba sai an kawo mana hari ba kafin mu san yadda abin zai kasance, mun riga mun ɗanɗana. Kowa a nan yana tune da farkon 2023, lokacin ƙarancin takardun naira, da mutum zai tura kuɗi su maƙale, mai shago ya riƙe kaya, mai kaya ya riƙe waya. Ranar 14 ga Maris 2024 kuma wayoyin intanet huɗu na ƙarƙashin teku suka yanke a gaɓar Afirka ta Yamma, bankuna da kamfanonin waya suka shiga tangal-tangal na kwanaki. Wannan haɗari ne, ba wanda ya yi niyya. Ku ƙiyasta in da mai niyya ne, ya kuma zaɓi ƙarshen wata, ko daren da ake tattara sakamakon zaɓe. Albashin ma'aikatan tarayya, asusun bai-ɗaya na gwamnati, lambar BVN, lambar NIN, duk a na'ura suke, kuma na'urorin da manhajojin kusan duk sayo su muka yi. A watan Janairun 2018 jaridar Le Monde ta Faransa ta ba da rahoton cewa an shafe shekaru ana kwashe bayanai cikin dare daga hedikwatar Tarayyar Afirka da ke Addis Ababa, ginin da Sin ta gina kyauta, zuwa birnin Shanghai. Sin ta ƙaryata. Ko ma mene ne gaskiyar, darasin wanda aka gina wa ɗaki aka kuma ba shi makulli a bayyane yake.

An yi wani abu, ba za a ce ba a yi ba. Muna da dokar laifuffukan intanet ta 2015 wadda aka gyara a 2024, da dokar kare bayanan jama'a ta 2023, da cibiyar ɗaukin gaggawa ta ngCERT ƙarƙashin ofishin mai ba shugaban ƙasa shawara kan tsaro. Abin da ya fi burge ni kuma shi ne a watan Janairun 2024 Kwamitin Zaman Lafiya da Tsaro na Tarayyar Afirka ya amince da matsaya guda ta nahiyar kan yadda dokokin duniya ke aiki a intanet, inda ya tsaya a kan cewa diyaucin ƙasa doka ce mai ɗaurewa, kuma kutse cikin na'urorin wata ƙasa ba da izini ba keta ta ne. Wannan shi ne ya dace da mu. Ƙasar da za ta iya ramawa tana iya zama ba doka. Mu da ba mu da wannan ƙarfin, doka mai haske ita ce garkuwarmu, saboda haka bai kamata kujerarmu ta zama wayam ba a duk zauren da ake rubuta ta, kuma wanda za mu tura ya zama ya san abin da ake faɗa, ba ya je don kuɗin guzuri ba.

Sai dai zan faɗi wata gaskiya a kanmu mu ma'aikata, ni ma ina ciki. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga. Na taɓa aiki a wani ofis inda kalmar sirrin kwamfutar da ke ɗauke da bayanan ma'aikata take rubuce a 'yar takarda, manne a jikin allon, mutum shida muna amfani da ita, har da wanda aka yi wa canjin wurin aiki shekara guda kafin nan. Takardar sirri kuwa, in injin buga takardu ya lalace, sai a sa ta a filash a ba masinja ya kai shagon buga takardu na bakin titi, ya dawo da filash ɗin a mayar cikin kwamfutar ofis. Ni kaina na aika, ba sau ɗaya ba. Sai da na karanta yadda aka shiga Natanz, wurin da sojoji ke gadi dare da rana, sa'an nan jikina ya yi sanyi. Da na yi magana a taron sashe aka ce in rubuto a takarda. Na rubuta, an cire 'yar takardar daga jikin allon, an mayar da ita cikin aljihun tebur.

Ina da roƙo guda ga shugabannin ƙungiya. Daga cikin gudummawar bana, a ware wani abu don gyara ɗakin kwamfuta, a kuma samu 'yan'uwanmu da ke aikin banki da kamfanonin waya da lauyoyinmu su riƙa zuwa sau ɗaya a zango suna zama da 'yan ajin ƙarshe. Ƙungiyar muhawara kuma, in har tana nan kamar yadda muka bar ta, ga batu na ba ta kyauta: ƙasar da aka kashe wa wutar lantarki ta kwamfuta, tana da ikon ramawa da bam ko ba ta da shi? Ni zan sayi kyautar wanda ya yi nasara, amma alƙalancin sai dai malamai, domin masanan Tallinn ma sun rabu a kai.

Na ga shugaban taro ya fara duban agogo, ƙamshin abinci kuma ya iso har nan.  Allah Ya jiƙan malamanmu da 'yan'uwanmu da suka riga mu gidan gaskiya, Ya mayar da kowa gidansa lafiya.